Shekarar da Na Dama Fura Babu Nono

Fa'iza, ke da ƙawarki Ummi kun zo kuna ba ni labarin shagon furar da za ku buɗe a Ungogo, da firji da injin markaɗe da robobi masu murfi. Na ji Ummi tana cewa ai fura ba wani abu ba ce, a jefa dawo a inji, a zuba nono da suga, a danna. To, Allah ya sa albarka. Amma tunda kun ce kakarku Asabe ta ba ku shawara, ku jawo tabarma. Ba a ba da ita a tsaye.

Aikin farko da Gwaggo Dije ta ba ni shi ne surfe. Ƙanwar babana ce, ita ta koya min sana'ar nan a ƙauyenmu na gabas da Zakirai, ina da shekara goma sha biyu. Damina biyu da rani biyu ban taɓa ludayi ba. Surfe, bakace, wanki, rege tsakuwa, shi ke nan aikina. Tana cewa mutum zai yafe miki ƙarancin yaji, amma ba zai yafe miki tsakuwar da ta taɓa masa haƙori ba. Sai da ta ga tafin hannuna ya yi kanta sannan ta bar ni na kirɓa. Turminta na ƙirya ne, shi ne wancan da ke jingine a bakin rumbu. Ana juye curin gero daga tukunya da zafinsa, a kirɓa ana yayyafa ruwan dahuwar kaɗan-kaɗan. In kin yi jinkiri ya huce, kin yi asarar ranar. Sai ta gutsuri kaɗan ta danna da babban yatsa. In gefen ya tsage ta mayar min cikin turmi.

Damu kuma wani karatu ne. Da bayan ludayi ake murje dawo a jikin ƙwarya, kuma kowa da irin tasa. Manomin da ya taso daga gona da azahar yana son mai kauri da gaya, abin da zai tauna. Tsoho ba ya son ya ji ko ƙwaya ɗaya. Mai jego tana son citta da kanumfari su fito sosai. Gwaggo ba ta tambayar kowa, fuska take kallo. Da ta rasu na gaji turmin da masu sayenta duka.

Nono kuwa, shekara ashirin da biyu na mace ɗaya nake saye. Sunanta Daso. Da an kwashe amfanin gona sai su sauko da shanunsu su kafa ruga a gonar Malam Sule, shanu su ci kara da karmami, su bar wa mai gona taki. Suna nan har ruwan farko. Da hantsi za ki hango ta a kan hanyar da ta ratsa gonaki, ƙwarya a kan gammo an rufe da faifai, ba ta ko riƙe ta. Kindirmonta in kika kafa ludayi a tsakiya tsayawa yake. Akwai wani ƙamshi na hayaƙi da ciyawa a jikinsa, ban sake jin irinsa ba. Tana ce min Kaɗo, ina ce mata 'yar Fulani. Da na haifi ƙanin babanki, Fa'iza, ita ta kawo min man shanu cikin ƙoƙo. Da ta aurar da 'yarta ta fari ni na daka musu fura, kwana biyu ina kirɓi.

Yanzu bari in ba ku labarin fura ɗaya, wadda na dama wa wani yaro mai suna Habu.

Maƙwabciyarmu Hajiya Ladi, wadda katangarmu ɗaya da ita, tana da 'ya, Rabi, da ke aure a wajen Watari. Aka kawo wa Hajiya Habu, ɗan Rabi, yaye, bai cika shekara biyu ba. Yaro ne mai ƙuraje a kumatu da bayan gwiwa tun yana jariri, ana ta cewa zafi ne. A gidansu koko da kunu ya saba sha. Hajiya ta leƙo ta katanga ta ce, "Asabe, mijina ya zo yaye, sai kuka yake. Ki dama masa mai laushi, ki sa kindirmo da yawa, ya manta da uwarsa."

Na dama masa yadda ake dama wa tsoho, na tace. Ya sha, har da lashe ludayi. Zuwa can bakinsa ya yi ja, muka ce ƙuda ne ko yaji. Kashegari na rage yajin. Ya sha, ya amayar, jikinsa ya yi rudu-rudu kamar wanda tururuwa ta bi. Rana ta uku ban sa yaji ko kaɗan ba. Ban kai ga wanke ludayin ba na ji salatin Hajiya. Na shiga na tarar da leɓensa ya kumbura, idanunsa sun rufe, numfashinsa yana fita da ƙara kamar usur. Aka ɗora su a babur ita da shi sai ƙaramin asibitinmu. Aka yi masa allura nan take, Allah ya sa da sauran kwana.

Kafin la'asar magana ta zaga ƙauye. Furar Asabe ta kusa kashe jikan Hajiya. Wasu suka ce ba Asabe ba ce, Fulani ne yanzu suke zuba wani abu a nono don ya yi kauri. Wasu suka ce ruwan kududdufi ake sirkawa. Wani ya ce saniyar ce aka yi wa allura aka tatse ta. Kashegari na yi dawo kamar kullum, na zauna a zaure. Mutanen da suka shekara goma suna shan furata suka riƙa wucewa suna gaishe ni daga nesa.

A haka Daso ta iso. Akwai mata a bakin rijiya, akwai maza a gindin dalbejiya. Ban bari ta shigo ba. A ƙofar gida na tare ta, a gaban kowa, na ce, "Me kika zuba a nonon nan?"

Ta dube ni. Ta sauke ƙwaryar a hankali, ta ɗaga faifan, ta ɗebo da ludayi ta sha. Ta sake ɗebowa, ta juyo da jikarta da ke goye a bayanta ta ba ta. Sannan ta ce, "Kaɗo, shekara ashirin da biyu kina karɓa daga hannuna. Yau kike tambayata?"

Na ce, "Yaro yana asibiti. Ya kusa mutuwa."

Ta ce, "Wane yaro?"

Na gaya mata.  Ta rufe ƙwaryarta, ta ɗora a kai, ta koma ta hanyar da ta zo. Ba ta sake zuwa ba.

Bayan kamar mako biyu, Hajiya da ta rantse Habu ya bar fura, sai ta haɗa masa shayi da madarar gwangwani. Bai sha rabin kofin ba leɓen ya sake tashi. Wannan karon malamar asibiti ta ce a kai shi babban asibiti a birni. Na ce da Hajiya zan bi su, don sunana yana cikin maganar nan.

Likitar mace ce, ba ta da gaggawa. Ta tambayi me ya ci, yaushe, bayan minti nawa abin ya fara, tun yaushe yake da ƙurajen. Ta tambaye ni mutum nawa suka sha daga nonon ranar. Na ce sun fi ashirin. Ta ce akwai wanda ya yi ciwo? Na ce babu. Wannan amsar tana bakina tun ranar farko, ban tsaya na tambayi kaina ba.

Bayan sun gama gwajinsu ta ce, "Hajiya, jikin yaron nan ne ba ya karɓar nonon saniya. Akwai wani sinadari a cikinsa da jikinsa yake ɗauka a matsayin abokin gaba, sai ya tashi yaƙi. Ana samun yara masu haka."

Na ce, "Likita, ba nonon ne ya lalace ba?"

Ta ce, "A'a, Iya. Ko a gabana kika tatso shi daga saniya mafi lafiya, haka zai yi masa."

Hajiya ta ce to na akuya fa? Ta ce kada a gwada, yawancin irin yaran nan shi ma ba sa karɓarsa. Ba kindirmo, ba tsala, ba madarar gari ko ta gwangwani, ba man shanu a miya, ba yogot, ba biskit ko alawar da aka sa wa madara. A ba shi wake, ƙwai, kifi, gyaɗa, zogale, nama in an samu. Ta ce da yawansu suna warwarewa in sun girma, amma ba a gida ake gwadawa ba.

Da gari ya waye ban kunna wuta ba. Na yafa mayafi na nufi gonar Malam Sule. Na tarar da turaku a kafe, da toka, da da'irar kashin shanu. Babu kowa. Ruwan farko saura kusan wata biyu. Malam Sule ya ce wasu samari sun je sun yi musu maganganu, sun ce gari ba ya son nononsu. Mijin Daso bai yi musu ba, ya kaɗa shanunsa suka yi kudu. Na ce za su dawo da kaka. Kaka ta zo ba su zo ba. A daminar da ta biyo baya aka shuke burtalin da suke bi, gona ta haɗe da gona.

Wannan ita ce mummunar shekarata. Hajiya Ladi, Allah ya jiƙanta, ta bi gida-gida tana faɗin abin da likita ta ce. Ta riƙa zama a zaurena da azahar tana shan furata don a gani. Amma magana in ta fita ba ta komawa da sauri. Sai na yi dawo kwano biyu, rabi ya kwana. Waɗanda suka dawo kuma suka ce fura ta sauya, kuma gaskiyarsu. Nonon da nake samowa a kasuwar Zakirai tsala ce, ki kafa ludayi ya faɗi. Daga baya ma aka koma kwaɓa madarar gari a bar ta ta kwana a ce nono ne. Wanda bai san na da ba ba zai gane abin da nake nufi ba.

Habu ya zauna wajen kakarsa, don Rabi tana da ciki. Kullum da azahar sai ya tako ya tsaya a gabana yana miƙo ɗan ƙoƙonsa. Yaro bai san likita ba, ya san dai kowa yana sha ban da shi. Ranar da ya kwanta a ƙasa yana birgima, Hajiya ta ce, "Asabe, ke fa mai fura ce. Ki nemo masa dabara."

Na fara da ruwan tsamiya, yadda ake yi a shekarun da babu. Ya kurɓa ya tofar, don ba fara ba ce. Na jiƙa garin 'ya'yan kuka, ya yi fari da ɗan tsami, amma babu maiƙo, ba ya riƙe ciki. Na markaɗa aya na tace, ta yi daɗi, sai dai ba ta kai la'asar take juyawa. Sai na koma kan waken suya. Na fara zuwa wajen malamar asibiti, don likita ta ce wasu yaran shi ma yana tayar musu. A gabanta aka ɗiga masa kaɗan, muka zauna muna kallonsa har aka yi azahar. Lafiya lau.

Ga yadda ake yi, ku saurara. A jiƙa waken ya kwana, a murje ɓawon ya fita tas, a markaɗa, a tace da ƙyalle mai tsabta. A dafa sosai ana kwashe kumfa har ƙarnin ya tafi. In kika sauke da wuri zai ɓata wa yaro ciki. A bar shi ya huce sarai, sannan a zuba ruwan kuka kaɗan-kaɗan ana burgawa. Nan ne asirin. In kika zuba da zafi, ko kika cika hannu, sai ya tsinke ya zama awara. Tukunya nawa na ɓata kafin in gane, 'ya'yana sun ci awara har sun gaji. Ranar da ya kama, ya yi kauri da tsami-tsami, na ƙara 'yar aya don zaƙi. Wanda ya gani daga nesa zai rantse kindirmo ne.

Na dama masa a ƙwaryata ta kullum. Na wanke ta sau uku da toka da ruwan zafi, na shanya ta a rana. Ya sha ya ƙoshi, muna ta murna. Ba a jima ba gefen bakinsa ya yi rudu-rudu. Muka kwasa sai asibiti, ina cewa waken ne. Malamar ta ce, "Iya Asabe, a cikin me kika dama?" Na gaya mata. Ta ce, "Ƙwaryar da ta shekara nawa tana shan nono?" Ni da na girma a cikin ƙore na san ƙwarya tana sha, ko kin wanke ta ki sansana za ki ji. Ban dai taɓa zaton ɗan abin da ya rage zai iya taɓa mutum ba.

Ranar kasuwa na sayo sabuwar ƙwarya, sabon ludayi, sabon maburgi. Na ɗora wuƙa a wuta na yi musu alama. Na kafa musu ƙusa a bango daban, soson wankinsu daban. Furar Habu ita nake fara damawa da safe kafin hannuna ya taɓa nono, in rufe in ajiye a gindin randa. Shekara huɗu ina haka, ciwon bai sake tashi ba ko sau ɗaya. To, Ummi, injin nan naku mai wuƙa a gindi, da kika ce ana ɗauraye shi a zuba na gaba, ki tuna da wannan. In uwa ta ce miki ɗanta ba ya shan madara, kada ki ce tsirfa ce, kada kuma ki ce ɗan kaɗan ba ya komai.

A hankali labari ya juya. Wadda aka ce ta kusa kashe yaro ita ce aka koma cewa tana da furar masu ƙin nono. Aka riƙa zuwa daga Zakirai da ƙauyukan kewaye. A nan na gane abin iri biyu ne. Akwai manya da yaran da in sun sha madara cikinsu ke kumburi da ƙugi, su yi gudawa, amma ba kumburin fuska, wasunsu ma suna iya shan kindirmo kaɗan. Wannan daban, na Habu daban. Ni ba likita ba ce, ba na rabewa da ido. Duk wadda ta zo sai in ce ta fara zuwa asibiti. Wata ta zo min da jaririya 'yar wata huɗu, tana kashi da jini-jini, ta ce in ba ta madarar wake ta daina ba ta mama. Na ce ko kusa, wannan ba abincin jariri ba ne. Na raka ta da ƙafata. Aka ce ta ci gaba da shayarwa, ita uwar ce za ta bar nono da madara. Yarinyar tana nan, har ta shiga makaranta.

Habu yana shekara shida aka gwada shi a asibiti, da ɗigo, da cokali, da rabin kofi. Jikinsa ya karɓa. Yanzu yana sakandare, yana shan abin da kowa ke sha. Da hutu yakan zo ya ce, "Iya, a dama min mai nono." In dama masa da nonon nan na madarar gari, ya ce ya yi daɗi. Ba ya da abin da zai kwatanta da shi.

Duk Bafulatanar da na gani a kasuwa sai na tambaye ta ko ta san Daso. Shekara goma sha ɗaya ina tambaya. A kakar bara wata yarinya mai sayar da man shanu a Zakirai ta ce, "Daso matar Jauro? Ai gwaggon mijina ce. Suna can gaba da Bauchi." Ta ba ni lambar ɗanta. Babanki ne ya danna min, Fa'iza, da safe, a tsakar gidan nan. Aka ɗauka, aka ce a jira. Ina jin kukan maraƙi, ina jin ana kiran Inna.

Na ce, "Salamu alaikum. Daso?"

Ta ce, "Wa alaikumus salamu. Wa ke nan?"

"Asabe ce."

Sai ta ce, "Kaɗo?" Ba ta tambayi gida ba, ba ta tambayi yara ba. Ta ce, "Yaron nan, ya rayu?"

Na ce, "Ya rayu, Daso. Ya fi ni tsawo. Ba nononki ba ne. Jikinsa ne ba ya karɓar na kowace saniya, likita ta faɗa. Na je ruga in gaya miki na tarar kun tashi."

Ta yi hamdala sau uku. Ta ce saniyar da ta tatsa a waɗancan kwanakin ta sa an sayar da ita a hanya, ga ta ita ce mafi nono a garken. Ta ce tun daga lokacin, in mace ta zo sayen nono da ƙaramin yaro a hannu, sai ta ce mata ya ƙare.

Na ce, "Ki yafe min abin da na yi miki a ƙofar gida."

Ta ce, "Na yafe tun kafin mu haye kwalta. Amma Kaɗo, mutanen nan ba su iya kirɓi ba. Furarsu tsagewa take."

Na ce, "To ku zo da kaka mana. Turmin yana nan."

Ta ce, "Mu sauka a ina? An bar mana wuri?"

Na riƙe wayar ina duban waje ta ƙofar zaure. Daga bakin katangarmu har kwalta, babu inda saniya za ta sa ƙafa ba ta taka shukar wani ba. Ta ce, "Kaɗo, kina ji na?" Na ce ina ji.